Matan Briketeri da ƙuri'ar da kullum take zuwa da sharaɗi

A ranar 23 ga Disamba 1956 aka yi zaɓen majalisa a Kamarun Faransa, kuma shi ne babban zaɓe na farko da doka ta ce kowane baligi, mace ko namiji, Bature ko baƙar fata, ƙuri'a ɗaya yake da ita a akwati ɗaya. Bahaushiyar da ke zaune a unguwar Briketeri ta Yawunde, muddin sunanta ya shiga rajista, ta riga 'yar'uwarta ta Kano ko Zariya samun wannan dama da shekara 20, domin sai a 1976 aka yarje wa matan Arewacin Najeriya. Abin alfahari ne in an faɗe shi haka a dunƙule. Amma nauyin maganar duk yana kan wannan "muddin" ɗin. Wanda ya bi tarihin ƙuri'ar mace a wannan unguwa zai ga cewa kowane zamani da sharaɗin da yake gindaya mata, kuma kowane sharaɗi, kamar da gangan, yana faɗawa daidai inda matar zango ba ta da abin nunawa.

Jamusawa sun kafa barikinsu a Yawunde a ƙarshen shekarun 1880, a tsakiyar ƙasar Ewondo. Kafin nan fataken Hausawa sun daɗe suna ratsa Adamawa, ta Banyo da Tibati da Gaundare da Yoko, har garin Ngila da ke arewa da kogin Sanaga, suna sauke tufafi da duwatsun ado, suna ɗaukar hauren giwa da goro. Kada a ɓoye, har da bayi. A 1899 rundunar Jamus, da Hans Dominik cikin hafsoshinta, ta ci Ngila da Tibati, hanyar kudu ta buɗe, ayari ya riƙa gangarowa har gindin barikin. Zangon bai fara a inda yake yau ba. An tashe shi daga kusa da mazaunin Turawa, aka sake tashinsa da birni ya faɗaɗa a hannun Faransawa, sai a shekarun 1930 ya zauna a Ekudu, maƙwabciyar Mesa, wurin da aka taɓa gasa bulo tun zamanin Jamus, wato Briketeri ta yau.

Idan dattawa suna ba da wannan labari, sunayen maza ake jerowa: madugun da ya jawo ayari, Sarkin Hausawa, liman, Sarkin Pawa. Haka ma takardun Turawa, domin Bature da mai rawani yake magana. To amma wurin da maza kaɗai suke sauka su tashi masauki ne kawai. Ba ya zama gari sai an kafa murhu, an binne cibiya, an yanka ragon suna, an samu wadda za ta yi wa mace wanka in ta rasu. Kowane tashi da aka yi wa zangon, akwai matan da suka naɗe tabarmi, suka ɗauki turmi da tukwane a ka, suka je sabon fili suka sake dasa rayuwa daga tushe.

Su wane ne su? Akwai matan aure da suka biyo mazajensu tafiyar watanni a ƙafa. Akwai ƙwaraƙwarai da kuyangi da aka taho da su ba da son ransu ba, waɗanda jikokinsu a yau ba sa son a tuna, alhali su ne suka fi kowa shan wuyar kafa wurin. Akwai zawarawa da mata masu zaman kansu, da suka baro gida saboda auren da ya ƙi, suna ƙarƙashin magajiya kamar yadda aka sani a kowane zango daga Ibadan zuwa Kumasi. Sannan akwai kaso mai yawa da ba Hausawa ba ne tun asali: 'yan matan ƙabilun kan hanya da na ƙasar da aka sauka, waɗanda aka aura, suka musulunta, suka koyi harshen, suka haifi 'ya'yan da ake kira Hausawa. Wannan batu na ƙarshe a riƙe shi, zai yi amfani idan aka zo maganar wane ne ɗan gari, wane ne baƙo.

Rayuwar ba mai sauƙi ba ce ga wadda ta tashi a ƙasar gero da dawa. Nan daji ne mai damina biyu a shekara, ƙasa ja mai santsi, sauro ba hutu, gero ba ya yi. Dole tuwo ya koma na masara da shinkafa, dole a koyi rogo da ayabar dafuwa da manja. Daga cikin wannan koyo ne sana'ar unguwar ta fito. Kowa a Yawunde ya san Briketeri da tsire da kilishi da teloli da shagunan atamfa, kuma maza ake gani a bakin tukuba. Sai dai ƙuli-ƙulin da ake daka yajin tsiren da shi, da man gyaɗar, da ƙosai da waina da kunun da leburori da 'yan dako suke karyawa da su, daga bayan zaure suke fitowa a kan farantin 'yar talla. Abner Cohen, wanda ya yi nazarin unguwar Sabo ta Ibadan a littafinsa na 1969, ya nuna yadda matar kulle take juya kuɗi ta hannun yara ba tare da ta taka bakin ƙofa ba, Enid Schildkrout kuma ta ga irin haka a Kano. Jarin yana cikin adashi, ajiyar tana cikin kwanukan jere da zannuwa da 'yan kunnen zinariya. Tattalin arziki ne cikakke, mai bashi da riba da amana. Abu ɗaya ne babu a cikinsa, wato takarda, kuma takarda ce aka fara tambaya ranar da maganar zaɓe ta zo.

Faransa kanta ba ta ba matanta ƙuri'a ba sai a Afrilun 1944. A Senegal, da aka so a bar matan birane huɗun da mutanensu ke da 'yancin ɗan ƙasar Faransa a baya, sai da suka yi gangami a Dakar da Sanluwi a 1945 kafin Paris ta janye. A 1946 aka soke aikin tilas da dokar hukunta talaka ba shari'a, Kamaru ta zama ƙasar riƙon amana ta Majalisar Ɗinkin Duniya, aka kafa majalisar wakilai. Amma akwati biyu aka yi, ɗaya na Faransawa, ɗaya na 'yan ƙasa, kuma na 'yan ƙasar ma ba kowa ba. Dokar zaɓe ta Oktoban 1946 ta jero waɗanda suka cancanta: sarakuna da masu faɗa a ji, ma'aikatan gwamnati, tsofaffin soja, 'yan kasuwa masu lasin, masu filin da aka yi wa rajista, masu lasin tuƙi ko na farauta. Dokar ba ta ce ban da mata ba, ba ta ma buƙatar faɗa. Matar da ke ciyar da rabin unguwa da wainarta ba ta da lasin ciniki, in akwai shi ma da sunan maigida yake. Daga baya an ƙara waɗanda suka iya karatu da Faransanci ko Larabci, abin da a ƙa'ida ya kamata ya buɗe ƙofa ga matan da suka yi makarantar allo, magada tafarkin Nana Asma'u. Amma ana tabbatar da iya karatun ne a gaban jami'in Bature, a ofis, da rana tsaka, inda matar kulle ba ta zuwa.

Dokar 23 ga Mayu 1951 ita ce ta fi ba ni mamaki, kuma ita ce ta fi tona asirin yadda ake kallon mace. Ta ƙara masu gida da ke biyan haraji, ta kuma ƙara uwar 'ya'ya biyu, da sharaɗin suna raye ko sun mutu saboda Faransa. A tsaya a dubi wannan da idon gidan Bahaushe na wancan lokaci. Matar da ba ta taɓa haihuwa ba, ko da ta riƙe 'ya'yan dangi goma ta aurar, ba ta cikin lissafi, alhali riƙo ginshiƙi ne na zumuncinmu. Mai wabi da ta haifi bakwai, ƙyanda da zazzaɓi suka bar mata ɗaya, ita ma babu ita, domin 'ya'yanta ba a fagen yaƙin Faransa suka mutu ba. Wadda nata biyun suke raye kuma, da me za ta nuna nata ne, tunda a ɗaki ta haihu a hannun ungozoma, shaidar haihuwar kuwa goron suna ne da addu'ar liman? Namiji ana auna shi da aikinsa ko harajinsa, mace da mahaifarta. Duk da haka wannan doka ta shigar da mata masu yawa cikin rajista a ƙasashen da Faransa ke mulka, kuma 'yan siyasa suka fara lura cewa akwai ƙuri'a a cikin gida.

Ƙofar ba don kirkin Paris ta ƙarasa buɗewa ba. Akwai matan da suka tura ta. Julienne Niat, malamar makaranta, ta kafa ƙungiyar mata ta kuma tsaya takara a farkon shekarun 1950, ta sha zagi da gori daga maza 'yan'uwanta 'yan ƙasa, ba ta ci ba. A Agustan 1952 aka kafa UDEFEC a Duwala, ƙungiyar mata da ke tafiya da jam'iyyar UPC ta Ruben Um Nyobe, da mata irin su Emma Ngom, Marie-Irène Ngapeth, Marthe Ouandié da Marthe Moumié. Ba su tsaya kan ƙuri'a kaɗai ba. Sun yi magana kan ɗakunan haihuwa, kan harajin kasuwa da korar mata masu kasa kaya, kan filayen noma da ake ƙwacewa, suka kuma riƙa aika takardun koke zuwa kwamitin riƙon amana a Niyok. Masaniyar tarihi Meredith Terretta ta rubuta littafi guda a kan waɗannan koke-koke. Bayan tarzomar Mayun 1955, gwamnatin Faransa ta haramta UPC da UDEFEC tare a ranar 13 ga Yuli. Wasu matan suka shiga daji, wasu suka tsallaka ɓangaren Kamaru da Ingila ke mulka, wasu suka ƙare a kurkuku ko gudun hijira. Shekara guda bayan haka, a 23 ga Yuni 1956, aka sa hannu kan dokar Gaston Defferre da ta ba kowa ƙuri'a, a Kamaru da Nijar da sauran ƙasashen.

Sunayen da ke sahun gaba na wannan gwagwarmaya na matan kudu ne, akasarinsu waɗanda suka yi makarantar mishan. Ya kamata mu faɗi haka ba tare da jin kunya ba, mu kuma san bashi ne a kanmu. Dalilin da ya sa zango ya tsaya gefe ba ɓoyayye ba ne. Siyasar baƙo ita ce lallaɓa mai mulki, musamman baƙon da aka riga aka tasa sau biyu, wanda filin da yake kai da rawanin sarkinsa duk a hannun hukuma suke. Ga kuma waɗanda aka haifa a Kano ko Katsina ko Yola, da a takarda talakawan Ingila ne, ɗaga murya na iya jawo a raka mutum iyaka. Zaɓen Disamban 1956 ɗin ma cikin jini aka yi shi, UPC ta ce a ƙaurace, aka yi kashe-kashe a yankin Sanaga. Wanda ya fi cin ribar ƙuri'ar kowa da kowa shi ne Ahmadu Ahijo, wanda rukuninsa na 'yan Arewa ya tashi da kujeru 30 cikin 70, da goyon bayan lamidai. Matan da suka yi faɗan suna ɓoye, ƙuri'ar da suka jawo ta tafi ga waɗanda ba su taɓa neman ta ba.

A ƙetaren iyaka labarin ya sha bamban, kuma a can ne Bahaushiya ta yi faɗan da bakinta. Jam'iyyar NPC ta Sardauna ta tsaya kan cewa lokacin bai yi ba, NEPU ta Malam Aminu Kano ta ce ya yi. Hajiya Gambo Sawaba ta Zariya ta shiga gidajen kulle a Kano tana yi wa mata bayani, aka gurfanar da ita gaban alƙali, aka ɗaure ta, kuma ba sau ɗaya ba, ba sau biyu ba. A zaɓen tarayya na 1959 matan kudancin Najeriya sun jefa ƙuri'a, na Arewa suna gida.

Akwai wani ɓangare na wannan tarihi da ba a cika tunawa ba, kuma ya shafi Kamaru kai tsaye. Arewacin Kamarun Ingila, wato ƙasashen Dikwa da Gwoza da Mubi har Mambila, an yi masa ƙuri'ar raba gardama a Nuwamban 1959, maza zalla. Da za a sake a Fabrairun 1961, Majalisar Ɗinkin Duniya ta dage sai da mata. Aka yi musu rajista, suka fito suka yi layi, aka ƙirga: 146,296 suka zaɓi Najeriya, 97,659 suka zaɓi Kamaru. Sama ba ta faɗo ba, aure bai mutu ba. A Yunin 1961 yankin ya zama Lardin Sardauna, matan da aka yarda su zaɓa wa al'ummarsu ƙasa sukutum suka wayi gari ba su isa su zaɓi kansila ba, har tsawon shekara 15. Duk mai cewa al'ada ko addini ne ya hana, sai ya bayyana mana yadda al'adar ta yi hutun kwana biyu a 1961.

A Kamaru kuwa ƙuri'ar ta zauna, zaɓin ne ya tafi. Julienne Keutcha ta zama mace ta farko a majalisar ƙasa a 1960. A 1966 Ahijo, da ya zama shugaban ƙasa, ya narkar da jam'iyyu cikin UNC, daga nan har dokokin Disamban 1990 da suka sake buɗe ƙofar jam'iyyu, jam'iyya ɗaya ce kaɗai take tsayar da 'yan takara. A wannan zamani ne aka raba wa mata aikin da har yau ba su gama fita daga cikinsa ba: reshen mata na jam'iyya, ankon atamfa mai hoton shugaba, guɗa a filin taro, dafa abincin baƙi. An samu waɗanda suka hau, Delphine Tsanga ta shiga gwamnati a 1970, Yaou Aïssatou daga Arewa ta riƙe ma'aikatar mata tun daga 1984 na tsawon shekaru. Naɗi ne daga sama, kuma wanda ya naɗa shi ake yi wa godiya.

Dokar zaɓe ta 2012 ta ce jerin 'yan takara ya kula da jinsi, kuma abin ya yi tasiri: mata a majalisar mai kujeru 180 sun tashi daga 25 zuwa 56 a 2013, suka kai 61 a 2020. Idan aka kwatanta da majalisar wakilan Najeriya, inda mata ba su kai 20 cikin 360 ba, wannan ba ƙaramin abu ba ne. Kah Walla ta nemi shugabancin ƙasa a 2011, Patricia Tomaïno Ndam Njoya, magajiyar garin Fumban, ta nema a 2025. Sai dai ni tambayata ta fi ƙanƙanta da haka. Yarinyar da aka haifa a wani lungu na Briketeri, ta cika shekara 20 da doka ta yanka, me ke tsakaninta da akwati?

Takarda ce, har yanzu. Hukumar zaɓe ta ELECAM tana neman katin ɗan ƙasa kafin ta yi wa mutum rajista. Katin yana neman takardar haihuwa da shaidar zama ɗan ƙasa. Takardar haihuwa kuma, in wa'adin yin ta ya wuce, sai an bi ta kotu, da shaidu da kuɗi da zirga-zirga. A gidan da kuɗi bai isa ba, wa ake fara yi wa? Namiji, domin shi zai yi jarrabawa, shi zai yi tuƙi, shi ɗan sanda zai tare a hanya. Ita aure za ta yi. Auren ma a masallaci aka ɗaura, ba a kai shi ofishin magajin gari ba, don haka ranar da miji ya rasu ko ya sake ta, ba ta da takardar komai a duniya. Tun 2025 kuɗin sabon katin ya koma jaka 10 na sefa. Sharaɗin 1951 ya tambaye ta shaidar 'ya'yanta, na yau yana tambayar ta shaidar haihuwar kanta, kuma amsar tana maƙalewa a wuri ɗaya, ɗakin da aka haihu ba a rubuta ba. Ga mai suna irin namu kuma akwai ƙarin tambayar da ake yi da ido kafin a yi da baki: anya ba 'yar Najeriya ba ce? Dokar zama ɗan ƙasa ta 1968 ba ta yarda da ƙasa biyu ba, zango kuwa tun kafuwarsa aure da zumunci suke tsallaka iyaka.

Sai sharaɗin asali. Tsarin mulkin 1996 ya shigo da maganar kare haƙƙin 'yan asalin wuri, dokar ƙananan hukumomi ta Disamban 2019 kuma ta ce magajin babban birni sai ɗan asalin yankin. Na fahimci tsoron da ya haifi wannan, mutanen Ewondo da Duwala sun ga filayen kakanninsu sun zama birnin kowa. Amma a nan ne batun kakannin nan mata yake dawowa. Iyalin da suka shekara fiye da 100 a Yawunde, waɗanda kakarsu ta farko wataƙila 'yar ƙasar ce da aka aura aka sauya mata suna, a wane ma'auni suke baƙi? Ana bin asali ta wajen uba, a zango da wajen zango, shi ya sa macen da za ta iya zama hujjar zamansu 'yan gari ita ce aka fara gogewa daga tarihin.

Ba duka laifin ke wajen hukuma ba. Har yau akwai gidajen da katin zaɓen mata yake a aljihun maigida, akwai masu wa'azin da suke ganin tsayuwar mace a layi zubar da mutunci ne, alhali kowane ɗalibi ya san mata sun yi wa Manzon Allah (SAW) mubaya'a da kansu, ba ta bakin mazajensu ba. Kuma abin da ake buƙata bai fi ƙarfin unguwar ba. Limamin da ke raɗa suna ran bakwai yana iya tambayar uban jariri ko an kai sunan ofis, tun wa'adi bai wuce ba, ya tambaya ko da jaririyar mace ce. Ƙungiyoyin adashi da ke haɗa wa amarya gado da katifa da kwanuka suna iya sa kuɗin kotu da na kati cikin kayan ɗaki. Rajistar masu zaɓe tana buɗe daga Janairu zuwa ƙarshen Agusta kowace shekara, ba sai kakar zaɓe ba.

Takara ma haka. Kuɗin ajiyar ɗan majalisa miliyan ɗaya ne, wannan sai mai hali. Na kansila jaka 50 ne, abin da kwasar adashi ɗaya ta masu waina take biya. Wahalar tana wajen shiga jerin, domin a Kamaru jeri ake zaɓa, kuma shugabannin jam'iyya ne suke rubuta shi. Idan sun zo cike gurbin Briketeri a majalisar ƙaramar hukumar Yawunde ta Biyu, masu rawani da manyan 'yan kasuwa suke tuntuɓa, idan sun zo cike gurbin mata kuma sukan duba wata unguwar. Matan da ke cika motocin gangami da anko suna da yawan da za su ce ba za su hau ba sai sun ga sunan ɗaya daga cikinsu a jerin, kuma a saman jerin, domin idan aka raba kujeru tsakanin jam'iyyu daga sama ake ɗauka.